Hannunka na gani a takardar banki

Mairuwa,
14 ga Agusta, 1977.

Zuwa ga Yaya Abdulƙarim,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya, kai da iyali a can Legas. Allah ya ƙara rufin asiri. Nan gida lafiya lau, damina ta yi kyau, Mero ta haihu namiji an sa masa Hadi.

Yaya, maganar gonar Baba ce ta bakin tafki. Ka san Kawu Mani ya kai takardarta banki a Funtuwa jingina, ya karɓi kuɗi ya sayi tifa don kwangilar yashi. Tifar ta kife a hanyar Sabuwa, kwangila ta watse, bai biya ko kwabo ba. Ranar da ma'aikatan banki suka zo kafa allon gwanjo ina cikin noman auduga. Na sayar da shanun huɗata biyu na ɗauki lauya, muka shigar da ƙara cewa gonar gado ce da ba a raba ba, Kawu ba shi da ikon jinginar da ita.

Zama huɗu muka yi, lauyana yana ta ce mini nasara tamu ce. A zama na biyar lauyan banki ya fito da wata takarda, ya ce babban ɗan mamaci ya amince a madadin magada duka. Aka miƙo mini in duba. Yaya, kai ka koya mini rubutun boko, na san yadda kake lanƙwasa harafin ƙ na sunanka. Alƙali ya tambaye ni har sau biyu ko ina musun hannun, ban musa ba. Da muka fito Kawu ya tsaya yana gyara hula, ya ce ai kashi ɗaya cikin uku na kuɗin kai aka aika wa, da shi ka buɗe shago. Wasiƙa uku na rubuto maka kan shari'ar nan, kowacce ka amsa da cewa in dage, kana yi mini addu'a.

An yanke hukunci, gona ta zama ta banki. Alfarmar da alƙali ya yi mana ita ce mu cire amfanin bana tukuna.

Inna ba ta sani ba. Ta ɗauka an sake ɗaga shari'a ne, jiya ma tana lissafin inda za a zuba mata gyaɗa baɗi. Na ɗauki asarar shanu, na ɗauki kunyar kotu, amma wannan ba zan ɗauka maka ba. Ka zo kafin kaka ka durƙusa gabanta ka gaya mata da bakinka.

Ka gaida Yaya Suwaibatu da yara. Safara'u da maƙwabcinmu Baba Audi suna gaishe ka. Inna ta ce a gaishe ka sau biyu, ta ce Allah ya yi maka albarka. Na rubuta kamar yadda ta faɗa.

Ni ne ƙanenka,
Almu.