Tsohon da Ba Ya Dariya

Zuwa ga Inna a Gummi,

Gaisuwa mai yawa. Ina fata kuna lafiya, ke da su Surajo. Ni lafiya lau, sanyin Finland ne kawai, kuma ina sabawa.

Inna, gidan tsofaffin da nike aiki akwai wani Bature, Toivo. Duk rayuwarshi ɗan fim ne, kullum a maigadi ko direba yake fitowa. Ba ya dariya, amma da ya ɗaga gira sai mutane su fashe. Yanzu ya manta har sunanshi, ya bar magana.

Jiya da rana na kai mishi abinci, sai ya zauna ƙasa, ya naɗe ƙafar wandon hagu, ya shiga ɗinkin komar kamun kifi, ba komar ba zaren, sak yadda Baba ke yi bakin gulbi. Ma'aikata sunka yi ta dariya. Shi ko ya dube ni, da Hausa ya ce, "Auta, kin daɗe." Haka Baba ke kirana.

Ban tsorata sosai ba. Amma wayarku ba ta shiga, Inna. Don Allah in Baba na lafiya, a kai shi inda akwai sabis in ji muryarshi.

Allah shi tsare mini ku.

Ɗiyarki,
Zubaida