Gonar Umma a Cikin Waya

Zuwa ga Baba,

Assalamu alaikum. Gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya. Ya ƙafar? Ya kunnen? Na kira ka jiya, ka ɗauka kana ta faɗin "wa ke magana?" ni kuma ina ta ihu a ɗakin magani har abokan aikina suka fara dariya. Shi ya sa na koma ga takarda. Zan ba direban da ke kawo maka maganinka.

Baba, akwai matsala a shafin Umma na sada zumunta. Ka tuna wasan gonar nan da take yi a waya lokacin da take kwance? To, bai tsaya ba. Tun bayan rasuwarta yake ta saka abubuwa a shafin da sunanta. Yau ta girbe masara, gobe tana neman a taimaka mata da ruwa. Yanzu kuma wasu wasannin sun shigo, na kati da na tseren mota, suna aika wa 'yan uwa gayyata da hotonta. Inna ta kira ni tana kuka. Ta ce tana cikin motar haya wayarta ta yi ƙara, ta duba, sai ga sunan yayarta tana gayyatarta tseren mota. Har ta wuce inda za ta sauka ba ta sani ba.

Ni zargina wani ɓarawon shafi ne ya shiga. Haka suke yi da shafukan waɗanda suka rasu. Don Allah kar ka taɓa komai. Ka ba direba wayar Umma ya kawo min, in cire wasannin duka, in canza lambar sirri, in mayar maka.

Ka riƙa cin abinci a kan lokaci. Allah ya ƙara lafiya.

'Yarka,
Auta

*

Auta,

Wa alaikumus salam. Takardarki ta iso ni lafiya. Ƙafa da sauƙi. Kunne kuwa yana nan yadda injinan niƙa suka bar min shi, wanda ya ƙare ƙuruciyarsa da kansa a cikin inji ba ya tsammanin jin kukan sauro a tsufansa.

Ɓarawon da kike nema shi ne ya haife ki.

Bari in gaya miki yadda aka yi. Da jama'a suka watse, ku ma kuka koma bakin aikinku, sai gidan ya yi min faɗi. Ina gyara ɗakinta na ga wayar a aljihun keken ɗinki, a mace. Na sa ta a caji don kawai kar batir ya lalace. Tana kawo haske, sai ga gonar ta fito, komai ya yi yaushi, ya koma ruwan ƙasa. Kin san a ƙarshe hannunta ba ya iya riƙe waya. Ni nake riƙe mata, tana nuna min da baki: danna nan, ja can, kai malam ba haka ba, za ka kashe min kabewa. To da na ga shukar ta sunkuyar da kai, yatsana ne ya tafi da kansa. Na ba ta ruwa. Ta miƙe.

Tun ranar ban fasa ba. Ruwa da safe kafin in sha shayi, girbi bayan la'asar. A tsakani ina zaune a kujerar ƙofar ɗaki ina kallon bakin mutane yana motsi a talabijin.

Na kati da na mota kuwa laifin yatsuna ne. Yatsan da ya saba da sifana bai san girman waɗannan 'yan maɓallan ba. Ina nufin ɗaya, in danna uku. Wallahi ban san yana shelanta wa duniya ba, na zaci tsakanina da waya ne. Ki ba Innarki haƙuri. Da kaina zan je in ba ta, in ƙafa ta yarda.

Amma wayar ba zan ba direba ba.

Akwai kuma wani abu. Gonar tana da maƙwabciya, wata mata da ke kiran kanta Uwar Agwagi a wasan. Ban san sunanta na gaskiya ba, ban san garinsu ba. Kullum da safe tana aiko da bokitin ruwa, ni ma in mayar mata. Wani lokaci ta rubuto a akwatin saƙo: "'Yar uwa, ya jiki? An kwana lafiya?" Ban taɓa amsawa ba. Me zan ce? Sai in tura ruwa in kife wayar. Makon jiya ta rubuto: "Ko ba ki iya rubutu, ina ganin ruwanki, ya ishe ni."

Kin ga inda na tsaya ke nan. Ki gaishe da abokan aikin naki masu dariya. Allah ya yi miki albarka.

Babanki

*

Baba,

Assalamu alaikum. Na karanta takardarka a bayan kantar magani, sai da na ce wa abokiyar aikina ta riƙe min layi na shiga banɗaki. Ka yafe min kalmar ɓarawo.

Zan gaya maka gaskiya, tunda kai ma ka gaya min. Ba Inna kaɗai ba ce. Ni ma duk lokacin da sunan Umma ya faɗo a wayata, sai in zaci ita ce kafin hankalina ya dawo. Ran nan har na fara rubuta mata cewa na samu irin man zafin da take so. Na kai rabi sannan na tuna. Kullum sai an sake yi min rasuwar nan sabuwa, Baba, kuma da masara ake yi min ita. Ban ce ka yi laifi ba. Da na san haka kake yini, da ban bari direba kaɗai ke ganinka ba.

Amma matar nan tana gaishe da wadda ba ta duniya. Ita ma tana da hakkin ta yi kukanta. Ka rubuta mata a takarda da hannunka, ka ɗauki hoton takardar, ka tura a akwatin saƙon. Alamar kyamara tana gefen inda ake rubutu.

In ka shirya cire wasannin, ga yadda ake yi. Ba na matsa maka. Ka buɗe shafin, ka taɓa layuka ukun nan da ke kusurwa, ka shiga wurin saituna, mai alamar ƙafar inji mai haƙora, wannan kam ka fi ni saninta. Ka gangara har ka ga inda aka jera manhajoji da wasanni. Kowanne da "cire" a gefensa. In ka danna, zai tambaye ka ko ya goge duk abin da wasan ya taɓa sakawa a shafin. Ga na kati da na mota, ka ce e, ka huta. Ga na gona ka yi tunani tukuna, domin in ka ce e, har waɗanda ta yi da hannunta tana raye za su tafi, kuma ba sa dawowa.

Ka yi amfani da ɗan yatsanka ƙarami.

Na nemi hutu, sun ce sai mai riƙe min wuri ta dawo daga nata. Allah ya bar mana kai.

Auta

*

Zuwa ga baiwar Allah da ake kira Uwar Agwagi,

Assalamu alaikum. Ki yi haƙuri da wannan rubutu, hannun tsoho ne, kuma ban san sunan da zan kira ki da shi ba sai wannan.

Ni mijin maƙwabciyarki ce ta gona. Ina sanar da ke cewa Allah ya yi mata rasuwa tun kafin damina. Ta tafi cikin sauƙi, da rana, ina kusa da ita. Ruwan da kike gani tun daga lokacin ni nake turowa. Na ga gaisuwarki duka, ban amsa ba don ban san ta inda zan fara ba. Wannan ba daidai ba ne, ki yafe min.

'Yata ta ce wasan yana tayar wa dangi da hankali, kuma gaskiyarta ne. Zan cire shi. Ban so gonar ta ɓace daga gefen taki ba tare da kin san dalili ba.

Na gode da kulawar da kika yi mata. Ki sa ta a addu'a.

Mijinta

*

Malam,

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Allah ya jiƙanta, ya sa ta huta, ya ba ku haƙuri kai da yara.

Na yi kuka, amma ba zan ce ban sani ba. Maƙwabciyata tana shuka furanni a bakin shinge, furannin da ba sa kawo komai a wasan, tana sa benci a gindin bishiya. Rana ɗaya na leƙa na ga an mayar da ko'ina masara, layi-layi kamar sojoji. Na ce a raina wannan aikin namiji ne. Ban tambaya ba, don ina tsoron amsar. Muddin ruwa yana zuwa da safe, sai in ce wa kaina jiki ne ya hana ta rubutu. Ka ga ashe mu biyu muka haɗu muka yi wa juna shiru. Babu abin yafewa.

Ni malamar makaranta ce da ta ajiye aiki. Ina zaune a hawa na sama, gwiwa ta hana ni sauka sai dole. 'Ya'yana suna nesa, suna kira ranar hutu. Ban taɓa ganin fuskar matarka ba sai a hoto, ban taɓa jin muryarta ba, amma babu wanda ya san yadda nake kwana kamar ita. Mun fara da roƙon ruwa, muka koma hirar ciwo, da ta yara, da ta maza.

Tana yawan ba ni labarinka. Ta ce ka gyara mata keken ɗinki har ya fi sabo gudu, ya riƙa cinye mata yadi, kuka yi kwana biyu ba ta kula ka. Akwai kuma abin da na yi ta juyawa ko in faɗa ko in bari, na ga naka ne, ba nawa ba. A saƙonninta na ƙarshe, kafin hannu ya gaza, ta ce in tsoro ya kama ta, takan juya fuskarta bango don kar ka karanta bakinta, ta gaya maka duk abin da ke ranta. Ta ce kai kuwa kana ta matsa mata ƙafa ba ka san tana magana ba. Na ce mata ai wannan ba hira ba ce. Ta ce ita ta ishe ta, domin duk wanda ke ji sai ya ce mata ta daina faɗin haka, kai kuwa hannunka ba ya tsayawa.

Ka cire wasan, Malam, kar ka ji nauyina. Ina da agwagina. Zan bar gefen nan fili, ba zan karɓi sabuwar maƙwabciya da wuri ba.

Ka gaishe min da Auta. Na san ta tun ranar da ta samu aiki, ko da ita ba ta san ni ba.

Wassalam,
Maƙwabciyarta

*

Auta,

Assalamu alaikum. Da fatan aiki da sauƙi.

An gama. Na rubuta wa matar, ta amso, mutuniyar kirki ce, tana gaishe ki. Abin da ta rubuto zan nuna miki in kin zo, ba na takarda ba ne.

Na bi yadda kika ce. Na kati da na mota sun tafi da kayansu duka. Na gona na cire shi, amma da ya tambaye ni ko ya goge komai na ce a'a. Sai na koma shafin na riƙa goge waɗanda ni na yi da sunanta, ɗaya bayan ɗaya, daga sama ina gangarowa. Ya ci min yamma guda. Da na iso kan na ƙarshen da ta yi da kanta, na tsaya. Na kashe wayar na mayar aljihun keke.

Na je wurin Innarki. Ta yi min faɗa, ta yi kuka, ta cika min kwano da abinci.

Yau da safe na tashi na sha shayi, na wanke kofi, na duba agogo, ashe ko rana ba ta gama fitowa ba. Ban san yini yana da tsawo haka ba.

Yanzu babu sauran abin gyara a wayar. Duk da haka, in direba zai taho, ki riƙa sa 'yar takarda a cikin ledar maganin. Ko layi biyu ne. Ki gaya min abin da kuka ci, da wanda ya ɓata miki rai a layi. Ido dai har yanzu yana aiki.

Allah ya yi miki albarka.

Babanki