Barci a Gefen Inji

Zuwa ga Inna,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya, ke da Auta. Ya ƙafar? Direban da ke kai miki wasiƙuna ya kwatanta min da hannu cewa har yanzu kina ɗingishi, don haka kada ki ce min ta warke.

Inna, ina da ciki, ya shiga wata na biyar. Na bari ne ya yi ƙwari kafin in faɗa. Mijina kafinta ya rasa inda zai sa kansa don murna, har ya fara haɗa gadon jariri, falon nan duk garin katako. Ina zuwa aiki yadda na saba, sai dai mai gidan buga takardun ya ɗauke ni daga injin yanka ya mayar da ni wajen ɗinkin littattafai, a zaune.

Ga abin da ya sa na rubuto. Da na je awo, likitar ta ga ni kurma ce, ta kuma ga tabon aikin zuciyar da aka yi min ina ƙarama. Sai ta tura ni wajen mai duba ido. Ya haska, ya daɗe yana kallo, ya rubuta cewa akwai ɗige-ɗige can bayan idona, ba sa cutarwa, amma da su aka haife ni. Likitar ta haɗa ukun, ta rubuta min tambaya a takarda: lokacin da mahaifiyarki take da ƙaramin cikinki, ta yi zazzaɓi da ƙuraje? Ta ce akwai wata cuta, rubela, mai kama da ƙyanda amma ba ta kai ta zafi ba. Babba yana iya yin ta ya warke bai ko kwanta ba. Amma idan ta kama mace a watannin farko na ciki, takan taɓa kunnen ɗan da idonsa da zuciyarsa.

Ki tuno min, Inna. Sannan ki fara shirin zuwa. Ke nake so ki fara goya min shi, kafin kowa.

Ki gaida Auta. Kafinta yana gaishe ki.

'Yarki,
Tsigi

Tsigi,

Wa alaikis salam. Mun sami wasiƙarki. Albishirin nan ya zaunar da ni a bakin gado ina kuka, Auta tana min dariya, marar kunya. Allah ya raba lafiya. Ki ce wa kafinta ya share garin katakon nan kafin ya cika miki hanci. Ƙafa da sauƙi, direban nan gulma ce ta yi masa yawa.

Maganar likitarki kuwa, ban san abin da take tono ba a cikin abin da ya kusa shekara talatin. Kowa a layinmu ya san abin da ya kurmantar da ke. Ni ce na goya ki na tsaya a kan injin niƙa daga safe har la'asar, kunnenki dab da ƙarar da ni babba ma nake komawa gida kaina yana sarawa. Babanku, Allah ya jiƙansa, ya faɗa. Goggonku ta faɗa har ta gaji. Ni ma na yarda. Shi ya sa na sayar da injin na koma wankau. Shi ya sa na shiga ajin manya na koyi rubutu, don in sami ƙofar da zan yi miki magana ta ciki. Yanzu wata ta haska fitila a idonki tana son ta sake mana labari?

Ƙuraje kuma, wa yake tuna ƙuraje? Mai ciki a zafi ba ta rasa su.

Zan zo in Allah ya yarda. In dafa, in wanke, in share, in kwana a zaune idan ta kama. Amma goyo ban da ni. Auta ma ban goya ta ba, kin sani, a bayan maƙwabta ta girma. Bayan nan nawa ya riga ya yi abin da zai yi, kada ki sake tayar min da maganar.

Ki ci abinci, ki daina ɗaukar kaya mai nauyi. Allah ya yi miki albarka.

Innarki

Inna,

Ina gaisuwa, Allah ya ƙara lafiya. Ki yi haƙuri da abin da zan faɗa, na karanta wasiƙarki raina ya ɓaci.

Ki amsa min kawai. Injin ne ya huda min zuciya? Shi ya shiga bayan idona ya yi ɗige-ɗige? Na kai wa likitar maganarki. Ba ta yi miki dariya ba. Ta ce ƙara tana lalata kunne, gaskiya ne, kuma bayan shekarun nan ba za ta rantse a kan komai ba. Amma ta ce kunne da ido da zuciya a jikin jaririya ɗaya, wadda aka haifa 'yar mitsitsiya har kuka laƙa mata Tsigi, wannan ba aikin inji ba ne.

Ba wanda zan ɗora wa laifi nake nema ba. Rayuwata ba ta lalace ba, Inna. Ina da miji, ina da sana'a, kuma a wajen aikinmu ni kaɗai ce ba na komawa gida da ciwon kai. Idan ɗan nan ya zo kurma, ya sami uwar da ta san hanya. An ma gwada jinina an ce ina da kariya daga cutar, ba abin tsoro ta nan. Abin da yake min ciwo daban ne. Tun ina yarinya, duk sanda na waiwayo sai in tarar kina kallona kamar kwanon da kika fasa. Na gaji da wannan kallon, ba na son ɗana ya gan shi.

Sai maganar Auta. Aurenta ya matso. Ki kama hannunta ki kai ta asibiti a duba ko ta taɓa yin rigakafin rubela. In ba ta yi ba a yi mata yanzu, don ba a yi wa mai ciki, kuma ana son a sami tazarar wata ɗaya kafin ciki ya shiga. Wannan ko kina fushi da ni ki yi shi.

Na bar ki lafiya.

Tsigi

'Yata Tsigi,

Ina gaishe ki, ke da abin cikinki. Na daɗe ban amsa ba saboda fushi na yi, sannan da fushin ya wuce sai tunani ya maye gurbinsa.

Na yi ƙurajen. Cikinki bai fi wata biyu ba a lokacin. Yaran da suke kawo niƙa duk sun yi, ana cewa zafi ne. Nawa daga fuska suka fara suka gangara jiki, bayan kunnena ya yi kaluluwa, yatsuna suka riƙa ciwo idan na ɗaure bakin buhu. Ko inji ban rufe ba. Kafin in ce zan nemi magani sun baje. Ban gaya wa kowa ba, don ban ɗauka magana ce ba.

Amma ba wannan ne ya hana ni sukuni ba. Ranar farko da na koma niƙa bayan haihuwarki, na goya ki kina barci, na tayar da injin. Kin san ba a tayar da shi a hankali. Akuyar da ke ɗaure a bakin rumfa ta tsinke igiya, wata mata ta toshe kunne. Ke ko motsi ba ki yi ba. Matan layi suka yi ta yabo, wai an ba ni 'ya mai haƙuri, ni kuma ina ta fara'a. Ranar farko fa ke nan, Tsigi, kafin injin ya sami lokacin yi miki komai. Shekara da shekaru ina tuna ranar nan a matsayin ranar da na fara cutar da ke. Ban taɓa tambayar kaina me ya sa ba ki farka ba.

Kina zaton daɗi na ji da na gane ba injin ba ne? Wallahi ban ji ba. Laifin nan mun saba da juna, da shi nake tashi da shi nake kwana. Da na ajiye shi sai na rasa abin da zan yi da hannuna. Na yi kukan injina, na yi kukan Auta da ba ta taɓa sanin bayana ba. Na kuma yi ta tunanin allura ɗaya tak, wadda a lokacinmu ba wanda ya taɓa ambata mana ita.

Na kai Auta. Ba ta taɓa yi ba, an yi mata, ta ɓata fuska kamar 'yar yaye. Na kuma bi gidajen layi ina faɗa wa masu 'yan mata, har goggonku, wadda ta ce yanzu kuma na zama likita.

Kallon da kika ce, ki yafe min shi. Maganar goyo kuwa ban yi alkawari ba.

Sai na zo.

Innarki

Tsigi,

Barka da tashi. Na ga barci ya ɗauke ki, na hana kafinta ya taɓa ki. Idan kin farka kin ga gadon babu kowa kada hankalinki ya tashi. Jaririn ne ya yi ta kuka, na jijjiga shi a hannu ya ƙi, sai na ari zanenki mai ruwan ƙasa.

A kicin na saki murfin tukunya a ƙasa. Da gangan na yi, kada ki yi min faɗa, na san asibiti sun riga sun gwada shi. Ya zabura, na ji har cikin ƙashin bayana. Da bai zabura ba ma ba zan sauke shi ba.

Abincinki yana kan tebur a rufe. Mun fita tsakar gida shan iska, ki leƙo ta taga ki gan mu.

Innarki