Gaisuwar Baba Murdo

Lyon, watan Maris

Yaya Fatimatu,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata kina lafiya, ke da Malam da yara. Yaya ƙafar taki? Yaya zafin Maraɗi? Tunda kunnenki ya yi faɗa da waya, ga ni na koma takarda, sai ki nemo tabaranki.

Kin sha tambayata wane ne tsohon da nake kula da shi. Sunansa Murdo Strachan, ni dai Baba Murdo nake ce masa. Mutumin Ekos ne, can arewa da Ingila, amma kada ki kuskura ki ce masa ɗan Ingila, yini zai yi bai kula ki ba. Ɗan masunci ne. Yana saurayi ya gudu daga jirgin ubansa ya shiga wasan kwaikwayo a Glasgow. Da sharar dandamali ya fara, har ya kai shi ke fitowa a sarki. A silima kuwa kullum mugu suke ba shi. Ya ce an harbe shi, an rataye shi, an jefa shi teku, bai taɓa kai ƙarshen fim da rai ba. Aure ya kawo shi Lyon. Matar ta rasu, ba su haihu ba.

Wata rana na fita da shi shan iska a unguwar Guillotière, muka tsaya kantin Hajiya Aminat. Kin san mu da gaisuwa, sai da muka tambayi kwana da gajiya da gida da yara. Da muka fito ya tambaye ni wa ya rubuta mana wannan wasa. Ya ce duk tsawon aikinsa bai taɓa ganin inda kowa ya san abin faɗinsa da lokacin faɗinsa haka ba. Ya matsa sai da na koya masa, ya haddace tsaf. Kowace safiya sai mun yi ta daga farko har ƙarshe. In zan tafi in ce sai gobe, ya ce Allah ya kai mu, da muryar nan tasa mai girgiza kofi a kan tebur.

Yaya, mantuwa ta kama shi. Faransancinsa ya fara zubewa. Shekaranjiya ya rasa sunan cokali, ya yi ta juya shi a hannu har ya yi hawaye. Ga shi wani gidan wasa a Paris zai karrama shi, suna son ya hau dandamali ya maimaita jawabin sarkin da ya yi suna da shi. Magajinsa, ɗan ƙanin matar, ya ce ranar zai gane ko tsohon zai ci gaba da zama gidansa ko a kai shi gidan tsofaffi. Ina jin tsoro. Ki sa shi a addu'a.

Ki gaida kowa da kowa.
Ƙanwarki, Hassia

Paris, watan Afrilu

Yaya Fatimatu,

Ina gaishe ki da kyau, da fatan wannan ta same ku lafiya. Ina unguwar Goutte d'Or wajen Mutmainna, ita ma tana gaisuwa.

An yi taron jiya da la'asar. Na shirya shi cikin tufafin ƙasarsu, wani zane mai gidan dara da mazansu ke ɗaurawa, gwiwa a waje. Na ce masa a Maraɗi da yara sun bi shi, ya yi dariya. Aka fara nuna guntayen finafinansa. Ban taɓa ganinsa da baƙin gashi ba. Ashe kyakkyawa ne, ashe da gaske ya iya mugunta.

Sannan aka kira shi. Ya fita da ƙafarsa, aka miƙe ana tafi. Da tafin ya lafa sai ya tsaya kawai. Akwai wata a bayan labule kusa da ni, aikinta ta raɗa wa ɗan wasa in ya manta. Ta raɗa masa da Turanci, ta sake, bai ko juyo ba. Yana ta duban mutane kamar wanda aka sauke a tashar da ba tasa ba.

Na kasa daurewa, Yaya. Na ɗaga murya na ce, "Ina wuni, Baba?"

Ya miƙe ƙyam. Ya ce, "Lafiya lau." Har kujerar ƙarshe an ji. Na tambayi gajiya, ya ce ba gajiya. Muka yi ta tiryan-tiryan, bai yi tuntuɓe ko sau ɗaya ba, ya rusuna ya fito. Mutane suka yi tafi ba su san me suka ji ba. Ya riƙe hannuna, fuskar nan cike da haske, yana tambaya ko ya yi kyau.

Magajin ba mugu ba ne, shi ma na ga idonsa ya yi ja. Amma ya ce mutumin da ya manta harshen uwarsa a gaban jama'a ba zai zauna shi kaɗai ba. Ya riga ya samo masa wuri a bayan Paris, kusa da shi. Na yi magana, ba ta yi amfani ba. Ni kaɗai zan koma Lyon. Raina a ɓace yake ƙwarai.

Taki, Hassia

Lyon, watan Yuni

Yaya Fatimatu,

Sallama da gaisuwa. Na sami takardarki, na ji daɗin jin ƙafa ta yi sauƙi. Allah ya ƙara afuwa.

An ba ni wata tsohuwa mai kirki in kula da ita, amma in na wuce titin Baba Murdo ba na iya ɗaga kai. Ran Lahadi na hau jirgin ƙasa na je duba shi. Wurin tsaf yake, ga furanni, ga abinci. Ma'aikaciyar ta ce in shirya zuciyata, don tun zuwansa bai yi wa kowa magana ba.

Na same shi bakin taga, ya rame. Ya dube ni, bai gane ni ba. Na durƙusa na gaishe shi. Yaya, ya amsa. Muryar ta dushe, amma komai na nan a wurinsa. Ashe jira yake a fara masa, kuma a gidan babu wanda ya san farkon. Da na ce ina gida, ya ce gida lafiya. Nan na kau da kai.

Na zauna har lokacin jirgi ya matso. Na miƙe, sai bakina ya ƙi faɗin sallamar da muka saba. Gobe ina Lyon, ban san ran da zan dawo ba, kuma ban saba yi masa ƙarya ba.  Ya jira, ya jira. Can sai ya ɗan sunkuyo, ya kare baki da hannu kada a gani, kamar yadda ake yi wa abokin wasa da ya manta. Ya raɗa mini, "Sai gobe."

Na ce, "Allah ya kai mu."

Ya gyaɗa kai, ya koma kallon taga.

Ki gaida Malam da yara. 

Ƙanwarki mai kewarki,
Hassia