Abin da Na Faɗa wa Wilbur da Kwalba a Hannuna

Los Angeles, 9 ga Maris, 1924

Mama,

Gaisuwa mai yawa tare da ladabi. Ina fatan takardar nan ta same ki lafiya, ke da Baba. Allah ya ƙara miki sauƙin ciwon gwiwa, ya sa sanyin Nebraska ya wuce muku salin-alin. Mu nan lafiya lau, sai kewarku.

Takardar Gwaggo Hattie ta iso, kuma gaskiya hankalina ya tashi. Ta ce kin je silima kin ga sabon fim ɗinmu, inda nake bin mijina Wilbur da tsintsiya, na kuma fasa masa kwalba a ka. Wai kin fita da hawaye, kin ce kin san wasa ne, amma fuskar Wilbur a wurin nan ba ta wasa ba ce. Kin ce aurena ya lalace, in tattara kayana in dawo gida.

Haba Mama. Kwalbar nan da sukari ake yin ta, Wilbur har lasar ɓaraguzan yake yi, makwaɗaici. Kuma tunda finafinanmu ba su da murya, mai ba da umarni ba ruwansa da abin da muke faɗa, shi dai baki ya yi ta motsi, ido ya fito waje. Duk masifar da kike gani ina zazzaga masa, hirar gida ce. Ina huci ina tambayarsa ko dankali zai ci da yamma, shi kuma yana durƙushe kamar mai roƙon gafara, yana ce mini wandonsa na buƙatar ɗinki.

Amma idonki bai yaudare ki ba. Ranar da aka ɗauki wurin nan daga gun likita nake, na shigo a makare, ban samu ganin Wilbur shi kaɗai ba. Na ɗaga kwalba, na murtuke fuska, na ce, "Wilbur, ciki gare ni." Sannan na kwaɗa masa. Ya manta faɗuwar da ya yini yana koyo, ya zube zaune, baki buɗe, idanu cike da hawaye. Mai ba da umarni ya ce bai taɓa ganin gwaninta irin wannan ba, ya hana a sake ɗauka.

Na so in riƙe maganar sai cikin ya yi ƙwari, shi ya sa kika ji ni shiru. A watan Yuli muke sa rai, kuma ina jin tsoro, Mama. Ba zan dawo gida ba, ke ce za ki zo.

Kafin nan ki koma silima, ki zauna a gaba, ki dubi bakina da kyau.

A gaida Baba, da Gwaggo Hattie sarkin kai rahoto, da ƙanwata Thelma. Wilbur na gaisuwa, ya ce kansa lafiya ƙalau.

Taki har kullum,
Leona