Ƙundun Yaya Ya Tafi Gidan Bajawe

Wani mai karanta mu ne ya aiko da wannan daga Makka, ya roƙi a sakaya sunansa. Ga abin da ya rubuto.

Assalamu alaikum Malam Edita da jama'ar wannan zaure. Ina gaishe ku daga unguwar Misfala, inda rana ke gasa nama tun mutum bai hura wuta ba. Don Allah ku ba ni shawara, ku da kuke gida kun fi mu riƙe al'ada, ni dai kaina ya kulle. Da ajami na rubuta, Edita ka juya musu, kuma ka ɓoye sunana, ko da yake duk wanda ya taɓa kwana a Misfala da an ce mai tsiren nan mai surutu ya san wanda ake nufi.

Ina yaro mahaifinmu ya taho da ni aikin hajji a ƙafa, ya bar yayana a gida wurin Inna. Muka yi shekaru a hanya, mu yi noma a Sudan mu ƙara gaba, da muka iso ya sauke farali bai jima ba Allah ya karɓi abinsa. Aka bar ni daga ni sai riga ɗaya, ita ma ƙofofinta sun fi na Harami yawa. Wanda ya ɗauke ni ba Bahaushe ba ne, wani Bajawe ne, mutumin can tsibiran gabas, mai sayar da abinci a lungunmu, Ammi Yasin muke ce masa. Shi ya ciyar da ni, shi ya kafa min tukubar tsire da na tasa, shi ya zauna a mazaunin uba ranar ɗaurin aurena. Yanzu ya tsufa, haƙoransa duk sun yi ƙaura sai 'yan kaɗan da aka bari gadi, amma har yau yana kan sana'arsa, kuma rabin masu saye a wurinsa mu ne Takaru, wato mutanen ƙasashenmu mazauna nan.

A wurinsa na koyi irin nasu tsiren, sate suke ce masa. Da kaza ake yi. Za ka zare ƙashin tas, ka yanka tsokar ƙanana kamar kan yatsa, ka kwaɓe ta da kurkum da citta da tafarnuwa da albasa da ruwan tsamiya, ka bar ta ta jiƙa, sannan ka jera a siraran tsinkaye ka ɗora a garwashi kana fifita, ba ka ɗauke ido. Amma duk wannan wasa ne, aikin yana wurin miyar. Ka soya gyaɗa, ka murje ɓawon, ka daka a turmi amma kada ta kai ga fitar da mai, a bar ta da ɗan tsakuwa-tsakuwa. Ka soya barkono da albasa, ka zuba gyaɗar, ka bi ta da madarar kwakwa da tsamiya da wani baƙin sukarinsu mai kama da mazarƙwaila, ka yi ta juyawa har hannunka ya nemi ya sake ka, sai ka ga jan mai ya taso sama. Jama'a, in ƙamshin nan ya tashi daga gidana, mai ɗawafi a Harami yana manta zagaye na nawa yake. A nan in kana so ka girmama baƙo girmamawa ta gaske, shi za ka yi masa, don kaza ba abin kowa ba ce a Makka, kuma aikin yana cin yini guda.

Akwai kuma wani abu tsakanina da Ammi Yasin. Tun da na yi gidan kaina, duk ranar da aka yanka kaza, ƙundun nasa ne. Ni na kafa wannan, don na tashi na ga a gidanmu ƙundu na babba ne, ni kuwa ba ni da babban da ya wuce shi a garin nan. Maiɗakina ta saba, ko ban yi magana ba za ta soya ta sa a ɗan kwano ta miƙa masa ta katanga, don gidansa na jikin namu. Yakan fara taunarsa da azahar ya gama da la'asar, amma yana jin daɗin a ce an tuna da shi.

To bana sai ga Yaya ya iso tun watan Rajab, shi da wasu abokansa biyu 'yan garinmu, da niyyar su zauna har a sauko daga Arfa. Rabona da shi sama da shekara talatin. Na rungume shi a tashar motocin Jidda na yi kuka har wani direba ya tambaya ko gawa aka kawo. Na ba su ɗakina, ni da iyali muka koma saman soro. Ya ba ni labarin Inna, tana nan da rai, idanunta sun tafi, duk alhajin da ya koma sai ta sa an kai ta ta tambaye shi ko ya ga autanta, ko yana tuna gida. Ya ce ta riƙe hannunsa ranar da zai taho ta ce ya duba ni da kyau, in ya koma ya gaya mata gaskiyar yadda na zama.

Juma'ar farko na ce zan nuna wa Yaya ƙaninsa ya zama mutum. Na sayo ƙatuwar kaza kamar tunkiya, na rufe tukuba ranar, na roƙi Ammi Yasin ya zo ya tsaya min a kan miyar don hannunsa ya fi nawa. Muka yi ta fama tun hantsi, shi yana juya miya ni ina fifita, hayaƙi ya sa ni hawaye har na jiƙa riga biyu. Da aka gama ya koma gidansa, ya ce ranar ta 'yan'uwa ce ba zai zauna ba. Aka sauko daga masallaci, na gayyato dattawan unguwa, na shimfiɗa tabarma, na ɗauko faranti na dire a gaban Yaya, ina jiran a fara sa min albarka.

Yaya ya duba farantin ya duba ni, ya tambaya ina kazar da aka ce an yanka masa. Na ce ai ita ce wannan. Ya ɗaga tsinke ɗaya da yatsu biyu kamar ya ɗauko mataccen ɓera, ya ce shi a saninsa in an yanka wa baƙo kaza, guda ake kawo ta, ya ga cinya ya ga ƙirji, ya san an mutunta shi, wannan kuwa irin guntattakin da mahauci ke sharewa a kan katako ne. Na fara yi masa bayani, ya tsoma yatsa a miyar ya lasa, fuskarsa ta yamutse, ya juya ga abokansa ya ce su zo su ga abin mamaki, an dama kunun gyaɗa da sukari an zuba wa nama. Aka ɗan yi dariya, ni ma na yi, don ni ko a makabarta aka yi abin dariya sai na taya. Sai ya ajiye tsinken, ya ce a hankali:

"To na ji. Ina ƙundun?"

Wallahi sai a lokacin na tuna. Maiɗakina ta riga ta miƙa ta katanga kamar kullum, ni kuma ban ce mata yau akwai babba a gida ba, don raina gaba ɗaya yana kan miya. Da na yi shiru na ba da haƙuri da watakila an wuce wurin. Amma bakina ba ya shawara da ni. Na ce masa:

"Yaya, ƙundu ya riga ka tafiya ziyara, yana cikin Ammi Yasin, sai la'asar zai isa."

Ba wanda ya yi dariya. Yaya ya ce a miƙo masa ruwa, ya wanke hannun da bai ci komai da shi ba, ya tashi, abokansa suka bi shi. Kafin magariba sun kwashe kayansu sun koma unguwar Tandabawi gidan wani mai saukar alhazai.

Tun daga nan labari ya shiga gari. Yaya na cewa na zama Bajawe, na daddatsa kazar ne don kada ya gane an cire masu kyan an kai wa bare, shi aka tara masa saura. Kafin maganar ta kai unguwar Hindawiyya ta yi ƙiba, wai ba ma kaza ba ce, tantabarun Harami na kama. Ni da nake ƙara wa labari gishiri a sana'ance, sai ga shi an fi ni. Na sake sayo kaza, aka dafa ta guda, na ɗora ƙundun a samanta kamar hula, na ɗauka da kaina har Tandabawi cikin rana. Ya bar ni tsaye a ƙofa, ya aiko a ce min abin da aka yi a gaban mutane ba a gyara shi a soro, aka dawo min da kwanon ko murfin ba a ɗaga ba.

Abin da ke ci min rai, jama'a, duk shekarun nan ba hajjin da ya wuce ban aika wa Inna zamzam da dabino da turare ta hannun alhazai ba, Yaya kuwa ko gaisuwar baki bai taɓa aiko min ba. Lokacin da nake kwana a bakin shagon mutane yana ɗakinsa. Bai tambayi inda aka binne mahaifinmu ba sai da na ja shi. Amma ƙundu guda ya isa ya shafe ni daga dangi. Kuma ba ni da wata hanya zuwa kunnen Inna sai shi. In na rubuta takarda shi zai karanta mata, abokan tafiyarsa kuwa in ya ce rana ta fito da dare za su ce sun ga inuwarsu.

Akwai wani dattijo a cikinmu, Malam Garba, shi ke sasanta Takaru in an saɓa. Ya yi ta zirga-zirga tsakaninmu har ya dawo min da sharaɗi. Wai a tara dattawan nan da aka yi abin a gabansu, in tashi in ce ni na ware wa Yaya ƙundunsa na ajiye, Bajawen ne ya ɗauke ba da sanina ba da ya zo taya ni girki, abin da na faɗa kuma kunya ce ta sa na rufa masa asiri da wasa. In na faɗi haka girman Yaya ya dawo, zai koma gidana, zai kai wa Inna labari mai daɗi. In na ƙi, ya rantse zai gaya mata ɗanta ya sami wani uban da wasu dangin, ta daina tambayar alhazai. Malam Garba ya ce min abin ba shi da wuya, ai Bajawe ba ya cikin zaurenmu, ba zai ji ba.

Ya ji kuwa, a lungunmu ko tari ka yi sai an tambaye ka jiki a kasuwa. Shekaranjiya ina kan tukuba sai ga Ammi Yasin yana dogara sanda, ya zauna a bencina, na zuba masa shayi. Sai ya ce da gurguwar Hausarsa:

"Ka ce ni ɗauka. Ni tsoho, ba komai. Uwa ɗaya ce."

Ya shanye shayinsa ya tafi, ya bar ni tsire na ƙonewa a gabana ban sani ba.

Shi yana ganin ba komai, amma ni na san mutanenmu. Mai sayar da abinci in aka ce yana ɗauke-ɗauke a gidan mutane ya gama, ba Batakaren da zai ƙara tsayawa a shagonsa, kuma sunan ɓarawon ƙundu zai bi shi har rami, mu da ba ma mantuwa da laƙabi. Ba shi da ɗa namiji, ni zan wanke shi in ya mutu, in tsaya a kansa da wane ido? Maiɗakina ta ce tunda shi da bakinsa ya yafe in faɗa kawai a huta, in ya so in riƙa saye abincinsa ina rabarwa. Ni kuma ina ganin yafewar tasa ce ma ta ɗaure min harshe. Amma in na tuna Inna zaune a ƙofar ɗaki tana jiran dawowar Yaya, a shekarunta ba lalle ta ga wani hajjin ba balle wani ya je ya gyara maganar, sai in ji zan iya tashi in faɗi abin da ya fi wannan muni.

Yaya yana nan har a sauko daga Arfa, Malam Garba ya ce ƙofa a buɗe take har ranar da za su hau motar Jidda. Duk mai shawara ya aika wa Edita, alhazan jirgin sama za su taho min da jaridar in sa a karanta min. Ku gaya min tsakani da Allah, ba na son a lallashe ni. In tashi a gaban dattawa, a garin nan mai alfarma, in kira mutumin da ya raine ni ɓarawo don ya ba ni izini? Ko in kama bakina, in bar Yaya ya tafi ya gaya wa Inna ba ta da ɗa a Makka?