Ignaz Ya Shigo Kicin da Fensir

Litinin, 3 ga Maris, 1958
Ignaz ya dawo daga kamfanin fim kamar kazar da ruwa ya yi wa duka. Sun sake mayar masa da labarinsa, wai maganar mutanen cikinsa ta tsufa. Mutumin da Vienna ta sha dariyarsa tun kafin yaƙi! Darakta ya ce saura dama ɗaya: a kawo masa labarin kaka mai baki, wadda za ta sa silima ta ɗauka. Na ce, "To ga matarka, kyauta ma." Bai yi dariya ba. Cokali ya ajiye.

Lahadi, 9 ga Maris
Ai mijina ba ya ƙirƙirar magana, tsinta yake yi. Ya zauna a gidan kofi ko gindin bene, kunne a miƙe, sai ka ji ta a fim. Haka ya kwashe zagin Frau Zemanek mai sharar benenmu. Tun ranar da ta je ta kalla, da gyaɗa kai kawai take gaisuwa. Haka Navratil mahauci, wanda da ba ya yanka nama sai da tsiya, yanzu awo kawai, ya naɗe, ya miƙo. Unguwa ta ce tsufa ne. Ni kuwa ɓarawon baki nake kiran Ignaz, muna dariya. Nawa dai bai taɓa ɗauka ba. Ya rantse min tun muna matasa.

Alhamis, 20 ga Maris
Ina ba jikata Traudl labarin akuyar limamin cocin ƙauyenmu, wadda ta cinye takardar huɗubar bikin Ista, sai na ji ƙar-ƙar bayan ƙofa. Na ce, "Tsoho, ɓera ne ko kai?" Ƙarar ta tsaya. Ya shigo yana ɓoye fensir a aljihu, kunnuwa jajaye.

Asabar, 22 ga Maris
Na tare Frau Zemanek a bene. Na ce, "Baiwar Allah, wai me ya kama bakin nan naki?" Ta jingina da tsintsiya. Ta ce, "Ba ciwo, Frau Hawlik. In na laluba magana ne, sai in tarar ba kowa a wurin." Ta ci gaba da shara.
Ban so yadda ta kalli bakina ba.

Talata, 1 ga Afrilu
Ignaz ya yage abin da ya rubuta, ya dube ni. "Ba zan yi ba, Poldi." Kullum sai ya yi aski, ya ɗaura nakatai, ya zauna bakin taga ba inda za shi. Kofi ya huce a gabansa. Ko musu ya daina yi da ni, wannan shi ne ya fi tsorata ni.

Asabar, 12 ga Afrilu
Ni da kaina na fere masa fensir da wuƙar dankali. Na ce, "Rubuta, ragon maza. Camfi ne. Bakin da uwata ta kasa rufewa, kai ne za ka iya?" Ya karɓi fensir. Na zuba masa tun safe har fitilun titi suka kama: habaicin uwata, tsiyar kasuwa, sunayen da na laƙa wa surukaina. Ya yi dariya har da hawaye. Wataƙila ba dariya ba ce duka.

Laraba, 2 ga Yuli
Kamfanin fim sun karɓa. Ya sayo min furanni. Bakina lafiya lau, na zage shi don gwaji.

Juma'a, 14 ga Nuwamba
An buɗe fim. Wata yarinya da aka zana wa tsufa ta buɗe baki a majigi, maganata ta fito. Da farko ina riga ta a zuci, kalma da kalma. Can tsakiya sai na ji na daina sanin abin da za ta faɗa. Ina dariya tare da kowa, ina cewa wannan tsohuwa akwai baki. Ignaz bai kalli majigi ba ko sau ɗaya. Ni yake kallo, ya riƙe hannuna har ya yi zafi.
Sun ba shi sabon aiki a wurin.

Lahadi, 16 ga Nuwamba
Traudl ta zo da sabon aski, gajere, da wata hula koriya. Ta tsaya a ƙofa tana murmushi, ta rufe ido ɗaya, tana jiran tsiyar da na saba yi mata.
Na ce ta yi kyau.
Ta daɗe ba ta motsa ba. Na ce ta shigo, miya za ta huce.
Gajiya ce kawai. Ignaz ya ci abinci sosai. An yi ruwa.